A fara neman rigakafin ɗalibi tun ranar da gurbin karatu ya fito

Malam Edita,

Assalamu alaikum wa rahmatullah. Bayan gaisuwa da fatan kana lafiya kai da abokan aikinka, ina roƙon ɗan fili a jaridarmu mai farin jini domin in yi magana da iyaye, da kuma 'ya'yanmu da Allah ya ba gurbin karatu a jami'a, ta gida ko ta ƙetare. Ni tsohon ma'aikacin lafiya ne. Yawancin aikina a sashen rigakafi na yi shi, cikin garin Jos da ƙauyukan kewaye, har na yi ritaya. Duk shekara da zarar sunaye sun fara fitowa daga JAMB, ko takardun tallafin karatu sun iso, sai a yi ta sallama a ƙofar gidana da fom a hannu: "Baba, duba mana nan, me suke nufi?" Abin da nake gani a waɗannan takardu, da abin da wasu ke roƙona in yi musu, shi ya sa na ɗauki biro.

Fom ɗin da ake kawo mini iri biyu ne. Na jami'o'inmu na gida yawanci gwajin lafiya ne: hoton ƙirji, rukunin jini, jinotayif, fitsari, wani lokaci da gwajin ciwon hanta. Masu shiga likitanci da aikin jinya da gwaje-gwajen asibiti su aka fi tambaya ko an yi musu allurar ciwon hanta nau'in B. Na masu fita waje kuwa, musamman Amurka, shi ke tayar wa mutane hankali. Kowace jami'a da nata sharaɗin, kowace jiha da dokarta, amma sau da yawa za ka tarar ana neman allurar ƙyanda da hangum da rubela, da ta sanƙarau, da ta tetanus da mashaƙo da tarin shiƙa, da ta ƙarambau, da ta ciwon hanta, sannan gwajin tarin fuka. Kuma gaban kowace allura akwai gurbin rana da wata da shekara, da wurin sa hannun likita. "An yi masa tun yana jariri" ba ta shiga wannan gurbi.

Nan ne ake fara neman katin rigakafi, a zazzage akwati da adaka, ba a gan shi ba. Ni ba na ganin laifin iyaye mata a kan wannan. Yawancin masu shiga jami'a yanzu bayan 2005 aka haife su, mu mutanen Jos kuwa mun san rikicin da ya ratsa garin nan a ƙarshen 2008 da farkon 2010. Uwar da ta fita da goyo a baya da zanen jikinta kawai, ta koma wata unguwa ta sake gina rayuwa, ba wanda zai tuhume ta don ba ta ɗauko katin jariri ba. Wasu kuma sauyin gidan haya ne, wasu gara ce ta cinye. Abin da nake gaya musu shi ne a fara komawa asibitin da aka yi wa yaron allurar, a roƙi a duba tsohuwar rajista. Wani lokaci a dace. In ba a dace ba, hanya biyu ta rage, kuma duk halal ne: ko dai a ɗebi jini a auna ko jikinsa yana da garkuwar cutar, a haɗa sakamakon da fom, ko kuma a sake allurar daga farko. Sake allura ga wanda aka taɓa yi wa ba ya cutarwa. Sau da yawa ma ya fi gwajin jinin araha.

Akwai abin da ke ba iyaye mamaki, har ran wasu ya ɓaci. Ko uwar da ta adana katinta tsaf cikin leda, sai a ce mata bai cika ba. Dalili shi ne allurar da suke kira MMR, wadda ta haɗa ƙyanda da hangum da rubela, sau biyu suke so, kuma ba sa lissafa wadda aka yi kafin yaro ya cika shekara ɗaya. Mu kuwa a jadawalinmu na wancan lokaci allurar ƙyanda ita kaɗai muke yi, sau ɗaya, a wata 9. Da gangan aka tsara haka, domin baƙon dauro a ƙasarmu ba ya jiran yaro ya shekara kafin ya ɗauke shi. Allura ta biyu ta wata 15 sai wajen 2019 zuwa 2020 aka shigo da ita, hangum kuma ba ya cikin jadawalin gwamnati. Saboda haka ɗalibin da zai tafi Amurka ya sa a ransa cewa MMR biyu na jiransa, kuma saye zai yi.

Haka ta tetanus. Wadda aka saba yi a asibitocinmu, musamman ga masu juna biyu, ita ce mai haɗe da mashaƙo kawai, wato Td. Tasu mai suna Tdap har da tarin shiƙa a ciki. Harafi ɗaya ko biyu ne bambancin a takarda, amma a kansa ake dawo da fom. A riƙa karanta sunan da ke jikin kwalba, a tabbata shi aka rubuta. Wani ƙaramin abu kuma: Amurkawa wata suke fara rubutawa kafin rana. Wanda ya rubuta 03/08 yana nufin 3 ga Agusta, su 8 ga Maris za su karanta. A roƙi mai cike fom ya rubuta sunan watan da haruffa.

Babbar matsalar dai lokaci ce. Iyaye suna fama da kuɗin makaranta da fasfo da biza da tikiti, fom ɗin lafiya a bar shi ƙarshe, sai saura mako guda a zo a ce a yi duka yau. Hausawa suka ce ba a fafe gora ranar tafiya. Tsakanin MMR ta farko da ta biyu sai an bar aƙalla kwana 28. Ta ciwon hanta sau uku ce: yau, bayan wata 1, sannan a wata na 6. Katin allurar zazzaɓin shawara, wato yalo kad, wanda ƙasashe irin su Masar da Indiya da Malesiya ke nema a hannun wanda ya fito daga Najeriya, ba ya fara aiki sai bayan kwana 10 da yin allurar. Kuma allurar shawara da MMR da ta ƙarambau duk masu raunanan ƙwayoyi masu rai ne, ko dai a yi su rana ɗaya, ko a bar mako 4 tsakaninsu. Gwajin tarin fuka ma haka, ko a yi shi kafin MMR ko ranar da aka yi ta, in ba haka ba a jira makonnin nan su wuce, don allurar kan iya ɓoye sakamakon. Wanda ya zauna da fom ɗinsa da kalanda tun ranar da takarda ta iso, duk wannan zai tsaru ba tare da gudu ba. Wanda lokaci ya ƙure masa kuma, kada ya firgita. Jami'o'i da yawa suna karɓar ɗalibin da ya fara, ya ƙarasa a asibitin makaranta in ya isa. Ya rubuta musu ya faɗi gaskiyar inda ya tsaya.

Game da yalo kad ɗin, hukumar lafiya ta tashoshin shiga ƙasa ce ke bayar da shi, kuma tun 2019 aka koma na zamani wanda ake rajistarsa ta intanet. Allurar shawara sau ɗaya ta wadatar har ƙarshen rayuwa, haka Hukumar Lafiya ta Duniya ta tsayar tun 2016, don haka kada wani ya karɓi kuɗinku da sunan sabuntawa bayan shekara 10. Masu tafiya Ingila su kuma takardar gwajin tarin fuka ce sharaɗin bizar wanda zai wuce wata 6, kuma sai daga asibitin da hukumominsu suka amince da shi. Wanda aka yi wa gwajin fata ya kumbura kada a ɗora hannu a ka. Lambar nan ta dantse da muke yi wa jarirai kan iya jawo haka, shi ya sa makarantu da dama suka fi son gwajin jini, wanda lambar ba ta shafarsa.

Yanzu ga abin da ya fi damuna, Malam Edita. Kwanakin baya wani bawan Allah, mutumin kirki da muke sahu ɗaya a masallaci, ya zo mini da fom ɗin ɗansa. Da na gama yi masa lissafin makonni sai ya rage murya ya ce, "Malam, ai kai ka san kwanakin da ake yi. Ka cike mana kawai, akwai wanda zai buga hatimi. Yaron nan lafiyarsa ƙalau." Na ce masa, "Alhaji, da ɗan wani ne ma ba zan yi ba, balle naka da aka yi sunansa a gabana." Ba shi kaɗai ba ne, kuma na san akwai masu cin abinci da wannan sana'a, su buga hatimi ba tare da allura ta taɓa fatar yaro ba. Mutane suna ganin abin da za a yi asara in asiri ya tonu shi ne gurbin karatu ko tallafi. Wannan ma babbar asara ce. Amma ni abin da nake hange ya wuce nan. Takardar nan likita ne zai buɗe ta ranar da wani abu ya faru, kuma da ita zai yanke hukunci. Ɗalibar jinya ce allurar mara lafiya ta soke ta a yatsa, aka duba fayil aka ga an rubuta ta kammala rigakafin ciwon hanta, sai a ce ta kwantar da hankalinta, alhali akwai taimakon gaggawa da ake yi wa wanda ba shi da rigakafi cikin sa'o'in farko. Ko cuta ta ɓulla a ɗakunan kwana, aka tattara waɗanda ba su da allura aka yi musu, shi aka tsallake shi saboda takardarsa ta ce ya yi. Uban da ya biya kuɗin hatimin bai san abin da ya saya wa ɗansa ke nan ba. Alhamdu lillahi shi wannan Alhaji ya saurara, washegari yaron ya karɓi allurarsa ta farko.

Ina bakin aiki a 1996, shekarar da sanƙarau ya kama sama da mutum 100,000 a ƙasar nan, ya kashe fiye da 11,000. Kano da Katsina da maƙwabciyarmu Bauchi na cikin inda abin ya fi tsanani, kuma dattawa za su tuna cewa a shekarar Saudiyya ta dakatar da maniyyatanmu saboda annobar. Wanda ya ga mai sanƙarau da idonsa ba ya mantawa. Saurayi ya kwana da ciwon kai da zazzaɓi, abokansa su saya masa farasitamol, gari ya waye wuya ya sanƙare, ga amai, ba ya son haske, kafin la'asar ya fita hayyacinsa. Cikin kwana ɗaya yana iya tafiya. Hukumar Lafiya ta Duniya ta ce cikin mutum 6 da irin wannan sanƙarau ya kama, 1 yana rasuwa, kuma cikin 5 da suka tashi, 1 yana tashi da wata naƙasa, kamar kurumta ko farfaɗiya. Cutar ta numfashi da tari take yaɗuwa, kuma ba abin da take so kamar cunkoso. To, wane cunkoso ya kai na ɗakin kwanan ɗalibai, inda ɗakin mutum 4 ke ɗaukar ninkin haka, kowa daga jiharsa, ga hunturu an rufe tagogi ruf? Kada sanyin Jos ya ruɗe mu mu ce ciwon ƙasar zafi ne. Ɗalibin Jami'ar Jos da ke Naraguta yana kwana ne da ɗan Gusau da ɗan Potiskum da ɗan Azare, kuma mutum yana iya ɗauke da ƙwayar a maƙogwaronsa yana yawo lafiya lau.

Yara kan ce mini, "Ai an yi mana ta sanƙarau muna firamare." Gaskiya ne, amma galibi MenAfriVac ce, wadda aka fara zagayen yin ta a Najeriya daga 2011. Ta yi aiki ƙwarai, sai dai nau'in A kaɗai take karewa. Annobar da ta taso daga Zamfara a ƙarshen 2016 ta shiga 2017, wadda ta kashe sama da mutum 1,100, nau'in C ne. Shi ya sa fom ɗin Amurka ke neman mai haɗe da A da C da W da Y, kuma wadda aka yi bayan cika shekara 16. Irin ta ce ake yi wa alhazai kafin su tashi. A Ingila ma kyauta ake yi wa sabon ɗalibin jami'a da bai kai shekara 25 ba, in ya yi rajista da likita. A 2024 Najeriya ta zama ƙasa ta farko a duniya da ta fara amfani da Men5CV, mai kare nau'i biyar har da X. Abin da ke ci mini rai shi ne, ƙasashen da cutar ba ta yi musu ɓarnar da ta yi mana ba su ne ke tsayawa a ƙofar hostel suna tambayar shaidar allura, mu da muke tsakiyar yankinta kuwa, a takardun gida da ake kawo mini da wuya in ga an ambace ta.

Ciwon hanta nau'in B shi ma ya cancanci a tsaya a kansa. Binciken ƙasa na 2018 ya nuna kashi 8.1 cikin 100 na 'yan shekara 15 zuwa 64 suna ɗauke da shi, yawancinsu ba su sani ba, sai bayan shekaru ciki ya kumbura ko ido ya yi ɗorawa. An sa allurarsa cikin jadawalin jarirai a 2004, amma yara da yawa ba su samu cikakkiya ba. Ƙwayar kan rayu mako guda a jikin reza ko aska, ga samarinmu da aron kilifa da abin yanke farce. Shawarata ga kowane sabon ɗalibi, ko fom ɗinsa bai tambaya ba, ya yi gwaji, in ba shi da ita ya fara allura. 'Yar ƙanena da ta samu aikin jinya, ranar da ta kawo mini takardarta na ce, "Uwata, kafin a ɗinka miki farin kaya, gobe ki je a ɗebi jininki." Kafin a fara tura su ɗakin marasa lafiya ta gama ukun, aka kuma auna aka ga jikinta ya karɓa.

Wanda gwaji ya nuna yana da ita kuma, don Allah iyaye kada a ɓoye, kada a je a sayo sakamakon wani. Ya ga likitan hanta, a auna yawan ƙwayar, akwai maganin da ke danne ta, kuma mutane da yawa suna karatunsu da aikinsu da aurensu da ita. A gwada sauran 'yan gida a yi musu allura. Ba a ɗaukarta ta cin abinci kwano ɗaya ko musafaha, don haka ba dalilin ware masa cokali ko tabarma. Na ga yaran da wannan wariya ta fi ciwon kansa karya musu zuciya.

Inda za a yi allurar ma abin lura ne. Ruwan rigakafi sanyi ke riƙe shi, in ya kwana cikin zafi ya mutu ko da kwalbar na nan sabuwa. Da halin wutar lantarkinmu, ban yarda a saya a kemis a zuba aljihu a kai wa wani ya yi a gida ba. A je asibitin da aka san yana da firji mai aiki da sola ko janareto. Ɗalibi yana da haƙƙin ya ga an ciro kwalbar a gabansa, ya karanta ranar lalacewarta, a rubuta masa lambar kwalbar a katinsa. Yawancin kwalaben gwamnati suna da ɗan da'ira da murabba'i a tsakiya: muddin murabba'in ya fi da'irar haske, ruwan na da kyau, in ya yi duhu kamarta ko ya fi ta, a ajiye. Ɗalibai matan aure kuma su faɗa wa ma'aikaci in suna da juna biyu ko suna zato, domin ba a yi wa mai ciki MMR ko ta ƙarambau, kuma ana son a jinkirta ɗaukar ciki wata guda bayan yin su.

Na san akwai masu ɗari-ɗari da duk wata allura, kuma ban raina dalilinsu ba. Gwajin maganin Trovan da kamfanin Pfizer ya yi a kan yara a Kano cikin annobar 1996 ya bar tabo, shi ya ƙara wa jita-jitar 2003 ƙarfi har aka dakatar da rigakafin shan inna a wasu jihohi. Mu da muka bi gida-gida a shekarun nan mun sha tambayoyi, wasu masu zafi. Amma waɗannan allurai da ake nema a fom ba na gwaji ba ne, an shafe shekaru ana yi wa 'ya'yan masu neman su a can ƙasashensu. Kuma ban taɓa ganin maniyyacin da ya fasa kujerarsa don an ce sai ya yi allurar sanƙarau da ta shawara ba.

Ina da roƙo ga hukumomi. Ma'aikatar lafiya ta jiha da hukumar lafiya a matakin farko su ware wasu asibitoci a Jos da Bukuru, da rana sananniya a mako, inda matashi zai je ya samu waɗannan allurai a farashin da aka rubuta a bango, a cike masa fom a wurin. Yanzu tsarinmu kusan duk na jarirai da masu ciki ne, saurayi ɗan shekara 18 in ya shigo bai ma san layin da zai bi ba, wannan ruɗanin ne ke kai shi hannun masu hatimi. A kuma fara kwafe tsofaffin rajistocin rigakafi a kwamfuta kafin su ƙarasa lalacewa. Jami'o'inmu da kwalejoji su turo sharuɗɗan lafiya tare da takardar gurbin karatu, su nemi haɗin kan hukumar rigakafi ta ƙasa a kafa teburin allurar sanƙarau da ta ciwon hanta a wurin rajista, kafin a raba gadaje. Limamai da fastoci su sanar a masallatai da majami'u a lokacin da sunaye ke fitowa, kamar yadda suke sanar da rigakafin yara.

Iyaye masu ƙananan yara kuma, yau ɗin nan a ɗauki hoton katin rigakafin kowane yaro da waya, gaba da baya, a tura wa wani ɗan'uwa ya ajiye, a haɗa asalin da takardar haihuwa wuri ɗaya. Ɗalibin da ya kammala nasa shi ma ya yi kwafi biyu, ya tafi da ɗaya ya bar ɗaya a gida, domin za a sake tambayarsa in ya zo neman digiri na biyu ko aikin asibiti.

Na gode da wannan fili. Allah ya ba 'ya'yanmu ilimi mai amfani, ya kai su lafiya ya dawo mana da su lafiya.

Wassalam.

Naka,
Tsohon ma'aikacin rigakafi,
Anguwar Rogo, Jos.